Rosalind Franklin da tagwayen haruffa

Idan kaka ta yi, manomin Arewa yakan zaɓi zangarkun hatsi masu kyau ya ware su. Ba ya ci, ba ya sayarwa. Su ne irin baɗi. Daga Dogon Dutsi zuwa Matankari, daga Tibiri zuwa Kore Mai Ruwa, kowa ya san hatsi ba ya haifar dawa, wake ba ya haifar gujiya.

To, mene ne ke cikin ƙwayar hatsi da ke sa ta fito kamar uwarta? Me ya sa yaro ke ɗauko hancin kakansa? Wata mace tana cikin waɗanda suka sha wahala kafin a samu amsa. Sunanta Rosalind Franklin.

Ƙuruciyarta

An haifi Rosalind ranar 25 ga watan Yuli 1920 a Landan, babban birnin Ingila. Iyayenta Yahudawa ne. Ubanta ma'aikacin banki ne, da dare kuma yana koyar da ma'aikata a makarantar manya. Su biyar ne a gidansu, ita ce ta biyu.

Tun tana ƙarama tana son lissafi. A zamanin nan ƴan mata kaɗan ne ke karatun kimiyya, amma ita ta nace. A 1938 ta shiga jami'ar Kambirij, ta karanta ilimin sinadarai.

Lokacin yaƙin duniya na biyu ta yi bincike a kan gawayin ƙasa, irin wanda ake haƙowa a Anu Araren, cikin jihar Agadas. Da wannan aiki ta samu digirin dakta a 1945.

A 1947 ta tafi Paris, ta yi kusan shekara 4. Ta iya Faransanci ƙwarai. Can ta ƙware a aiki da hasken X, wato hasken da ake ɗaukar hoton ƙashi da shi a asibiti. Ita ba ƙashi take ɗauka ba. Tana haska abubuwan da ido ba ya gani, ta dubi tabon da hasken ya bari a kan hoto, ta yi lissafi, ta gane yadda aka jera su.

Hoto mai lamba 51

A farkon 1951 ta komo Landan, ta kama aiki a King's College. Aka ba ta binciken wani abu mai kama da zare, wanda ke cikin ƙwayoyin halittar jikin mutum da dabba da tsiro. Da Faransanci ana ce masa ADN, da Ingilishi DNA. Masana suna zaton shi ne ke ɗauke da gado daga iyaye zuwa ƴaƴa, amma babu wanda ya san siffarsa.

Aikin yana son haƙuri. Rosalind ta lura zaren yana da kama biyu: ɗaya in ya bushe, ɗaya in ya sha laima. Waɗanda suka riga ta suna haɗa su wuri guda, shi ya sa hotunansu ba su fita sosai. Ita ta raba su.

A watan Mayu 1952, ita da ɗalibinta Raymond Gosling suka ɗauki hoton zare mai laima. Hasken ya yi sama da awa 60 yana dukan zaren. Da aka wanke hoton, sai ga tabo jere kamar harafin X. Wannan alama ce ta abin da aka murɗa, kamar igiyar kaba da aka tufka. Shi ne hoto mai lamba 51.

A Kambirij akwai wasu masana biyu, James Watson da Francis Crick, su ma suna neman siffar ADN. Tun a 1951 sun haɗa wata siffa, Rosalind ta je ta gani, ta nuna musu kuskurensu: sun sa ƙashin bayan zaren a ciki, alhali a waje yake.

A watan Janairu 1953, abokin aikinta Maurice Wilkins, wanda ba sa jituwa da shi, ya nuna wa Watson hoton nan ba da saninta ba. Ba a daɗe ba rahoton awon da ta yi ya isa hannun Crick. Da waɗannan, da aikin wasu masana, da nasu tunani, suka gano siffar. Ranar 25 ga Afrilu 1953 mujallar Nature ta buga bayaninsu. Na Rosalind da Gosling ya fito cikin mujallar a wannan rana, amma a bayan nasu.

Mene ne tagwayen haruffa?

ADN kamar tsani yake, tsanin da aka murɗa. Yana da sanda biyu a gefe, da matakai a tsakiya. Kowane mataki sinadari biyu ne da suka riƙe juna, ɗaya daga sandar dama, ɗaya daga ta hagu.

Sinadaran iri 4 ne kawai. Ana kiransu da harafin farko na sunansu: A, T, G, C. Ba sa haɗuwa barkatai. A kullum da T yake tafiya, G kullum da C. Tun a 1950 wani masani, Erwin Chargaff, ya auna ya ga yawan A daidai yake da yawan T, yawan G daidai da na C. Siffar tsani ce ta nuna dalili.

Mataki guda na wannan tsani shi ne tagwayen haruffa. Da Faransanci ana cewa paire de bases, a taƙaice pb.

Ga amfanin wannan tsari. Idan gefe ɗaya ya jeru A, G, T, C, tilas ɗaya gefen ya zama T, C, A, G. Lokacin da ƙwayar halitta za ta rabu biyu, sai tsanin ya tsage ta tsakiya. Kowane harafi ya jawo sabon abokinsa. Tsani ɗaya ya zama biyu, iri ɗaya sak. Haka gado ke wucewa daga zangarniya zuwa iri, daga iyaye zuwa ƴaƴa.

Masana suna awo da wannan kalma. Kamar yadda ake auna hatsi da tiya, a auna zane da mitir, haka ake auna tsawon ADN da yawan tagwayen haruffansa. Abin da mutum ke gada daga uwa ya kai tagwaye wajen miliyan dubu 3, daga uba ma haka. Na hatsi ya wuce miliyan dubu 1 da rabi. An buga jerinsa a 2017, a wani aiki da cibiyar ICRISAT ta jagoranta, wadda ke da reshe a Sadore, kusa da Yamai.

Duk da wannan yawa, mataki ɗaya ba abin rainawa ba ne. Amosanin jini, wato sikila, daga sauyin mataki ɗaya tak yake fitowa: T ya zauna a gurbin A. Idan yaro ya gaji wannan sauyi daga uwa da uba duka biyu, jajayen ƙwayoyin jininsa sukan lanƙwashe kamar lauje, ya yi ta ciwo. Ba maita ba ce, ba aikin iska ba ne. Gado ne, kuma awon jini yana nuna mai ɗauke da shi.

Ƙarshen rayuwarta

A watan Maris 1953 Rosalind ta koma kwalejin Birkbeck, duk a Landan. Ta bar ADN, ta shiga binciken ƙwayar cutar da ke ɓata ganyen taba, daga baya ta kama ta shan inna. Nan ma ta yi suna.

A 1956 ciwon daji ya kama ta. An yi mata aiki, amma ba ta bar ɗakin bincike ba sai da ƙarfinta ya ƙare. Ta rasu ranar 16 ga Afrilu 1958, tana da shekara 37.

A 1962 aka ba Watson da Crick da Wilkins kyautar Nobel. Ba a ba mamaci wannan kyauta, don haka sunanta bai shiga ba. Sai bayan shekaru, da aka duba littattafan aikinta, aka ga ta gane zaren biyu ne a murɗe, saura kaɗan ta kai ƙarshe. Yau akwai makarantu da ɗakunan bincike masu sunanta.

Tambayoyi

1. A wane gari aka haifi Rosalind Franklin? Shekararta nawa da ta rasu?
2. Wane aiki ta koya a Paris?
3. Me hoto mai lamba 51 ya nuna?
4. Gefe ɗaya na tsani ya jeru G, G, A, C, T. Rubuta ɗaya gefen.
5. Daidai ne a nuna aikin wani ba da saninsa ba? Ku tattauna cikin aji.