Rafayel Lemkin, mutumin da ya raɗa wa kisan ƙare dangi suna

Masu karatu da yawa sun saba jin kalmar génocide a gidan rediyo, ko ganinta cikin shafukan Faransanci, watau kalmar da muke fassarawa da kisan ƙare dangi. Wanda ya ji ta sai ya zaci tsohuwa ce da aka gada kaka da kakanni. To, ba haka ba ne. Kafin shekara ta 1944 babu ita cikin kowane harshe na duniya. Mutum guda ne ya ƙaga ta, wani lauya Bayahude ɗan ƙasar Polan, ya sa ta cikin wani littafi da ya wallafa yana zaman gudun hijira a Amurka, sa'an nan ya ƙarar da sauran kwanansa wajen ganin ta zama doka tsakanin ƙasashe.

An haifi Rafayel Lemkin ran 24 ga Yuni 1900 a ƙauyen Bezwodne, kusa da garin Wolkowisk. A lokacin yankin yana ƙarƙashin Sarkin Rasha, daga baya ya koma hannun Polan, yau kuwa yana cikin ƙasar Belarus. Wuri ne da al'ummomi daban-daban suke zaune a cakuɗe, kowa da harshensa da addininsa, kuma jefi-jefi akan tasam ma Yahudawa da kisa da ƙone-ƙone. Ubansa manomi ne. Uwarsa, Bella, mace ce mai ilimi, ita ta fara koya wa ƴaƴanta uku karatu a gida. Tun yana ɗan shekara goma sha biyu ko kusa da haka ya karanta littafin Quo Vadis, na marubucin Polan Henrik Sienkiewicz, mai ba da labarin yadda Sarkin Rum Nero ya riƙa jefa wa zakuna mabiya addinin Kirista. Abin da ya dami yaron shi ne, ya ga mai mulki yana kashe jama'a don addininsu kawai, ba kuwa wani alƙali da za a kai wa kuka.

Ya yi karatun harsuna da na shari'a a jami'ar Lwow, birnin da yanzu ake kira Lviv a ƙasar Yukiren, ya sami digirin dakta a 1926. Yana ɗalibi ne wani al'amari ya faru wanda ya sa shi bisa hanyar da bai sake bari ba. Ran 15 ga Maris 1921, a birnin Barlin, wani saurayi Ba'armene mai suna Soghomon Tehlirian ya bindige Talat Pasha, tsohon Wazirin Daular Usmaniyya, wanda yake ministan cikin gida sa'ad da aka kwashi Armeniyawa daga garuruwansu a 1915, har kimanin miliyan ɗaya ko fiye suka halaka. Aka gurfanar da saurayin, kotu ta sake shi. Lemkin ya tambayi wani malaminsa, ya aka yi wanda ya kashe mutum guda ya tsaya gaban alƙali, amma wanda ake tuhuma da jinin miliyan ya yi ta yawonsa a Barlin ba wanda ya taɓa shi? Malamin ya amsa masa da misalin mai kaji: in ya ga dama ya yanke kajinsa ƙaf, nasa ne, maƙwabcin da ya tsallaka danga don ya hana shi shi ne mai laifi. Watau kowace ƙasa tana da ikon kanta, abin da gwamnati ta yi wa talakawanta ba ruwan kowa. Lemkin bai yarda ba. A ganinsa an ba hukuma iko ne don ta gina hanyoyi da makarantu, ta kare rayuka, ba don ta ƙarar da mutanen da aka damƙa mata ba.

Bayan karatu ya zama mai gabatar da ƙara a birnin Warso. Zamani ne da kishin ƙabila ya yi zafi a Turai, domin bayan Yaƙin Duniya na Farko an kafa sababbin ƙasashe da sunan al'umma guda guda, alhali kowace tana cike da waɗansu. A Polan kanta wajen sulusin jama'a ba ƴan ƙabilar Polan ba ne, Yahudawa kaɗai sun kai miliyan uku. A 1933, shekarar da Hitila ya hau mulki a Jamus, aka yi taron masana shari'a a Madrid. Lemkin ya shirya takarda yana neman a amince da sababbin laifuffuka biyu, ɗaya halaka wata al'umma, ɗaya kuma rushe ayyukan hikimarta da kayan al'adunta, kuma kowace ƙasa ta sami ikon hukunta mai laifin in ya shigo hannunta. Gwamnatinsa, da ke neman shiri da Jamus a lokacin, ta hana shi tafiya. Takardar ta isa taron ba tare da shi ba, aka jingine ta. Shekara na zagayowa ya bar aikin gwamnati ya buɗe ofishin lauya.

Da Jamus ta auka wa Polan a Satumba 1939 ya fice daga Warso, ya sha baƙar wuya kafin ya kai Wolkowisk wurin iyayensa. Ya roƙe su su bi shi, suka ƙi, don sun ga yaƙi a baya sun kuma tsira, suna zaton wannan ma zai wuce. Rabuwarsu ke nan. Ya bi ta Lituwaniya ya shiga Suwidin a 1940, ya riƙa koyarwa a Istokholm.

A nan ne ya fara aikin da ya bambanta shi da sauran masu kuka da zaluncin Hitila. Suwidin ba ta cikin yaƙin, kamfanoninta da ofisoshin jakadancinta suna nan a ƙasashen da aka mamaye. Ta hannunsu ya riƙa tara jaridun gwamnati da takardun umurni waɗanda Jamusawa da ƙawayensu suke kafewa a bango. Takardu ne irin na ofis, masu lamba da hatimi da sa hannu, waɗanda ba mai karanta su don marmari. Ya cika akwatuna da su, ya keta Rasha a jirgin ƙasa har Vladivostok, ya bi ta Japan, ya sauka Amurka a watan Afrilu 1941, inda jami'ar Duke ta ba shi aiki. Cikin Agusta na shekarar ya ji Churchill, Firayim Ministan Ingila, yana faɗa a rediyo cewa ana tafka wani laifi da ba shi da suna. Lemkin, da yake ya karanci harsuna, ya ɗauki neman sunan nan aikinsa. Ya rubuta wa Shugaba Roosevelt, amsar da ta zo ita ce ya yi haƙuri.

Littafin ya fito a Nuwamba 1944 da sunan Axis Rule in Occupied Europe, watau mulkin Jamus da ƙawayenta a ƙasashen Turai da suka mamaye. Shafi wajen 700 ne, fiye da rabi kuwa waɗancan takardun umurni ne da aka juya zuwa Ingilishi. A babi na 9 sabuwar kalma ta bayyana. Ya haɗa genos, na harshen Girka, mai nufin dangi ko al'umma, da cide, na Latin, mai nufin kisa.

Sai dai a nan fassararmu ta Hausa tana iya ɓad da mai karatu, don ta sa kisa a gaba. Abin da Lemkin ya nuna daga takardun ya fi kisa faɗi. Ya ce ana rushe al'umma ne ta fuskoki takwas: siyasa, zaman jama'a, al'ada, tattalin arziki, haihuwa, jiki, addini da tarbiyya. A Luksambur an hana koyar da Faransanci a makarantun firamare, an tilasta wa mutane su mai da sunayensu na Jamusanci. A Polan an toshe wa samari hanyar ilimi mai zurfi, an bar musu na sana'ar hannu don su zama leburori. A yankunan da Jamus ta haɗe da ƙasarta, ƴan Polan ba su aure sai da iznin gwamna, an kuma kwashe maza zuwa aikin tilas nesa da matansu domin haihuwa ta ragu. Abinci ya yi tsada amma an bar barasa da araha. A Lublin an fito da littattafan babbar makarantar addinin Yahudawa an cinna musu wuta a kasuwa. Rabon nama ma bisa ƙabila aka yi shi: Bajamushe cikakke, Bafaranshe wajen rabi, Bayahude ko tsoka. Kowace takarda in aka dube ta ita kaɗai, ƙaramin umurnin mulki ce da wani akawu ya buga wani babba ya sa wa hannu. Sai an jera su gaba ɗaya ake ganin manufa guda ce, a shafe kamannin wata al'umma a ɗora na mai mulki a gurbinsu. Ramukan gawawwaki ƙarshen hanyar ne, mafarinta kuwa a kan teburi yake.

Da aka ƙare yaƙi ya tafi Nurambag, inda ake shari'ar manyan ƴan Nazi. Kalmarsa ta shiga takardar tuhuma a 1945, amma ba ta fito cikin hukuncin 1946 ba. Abin da ya fi ci masa rai, alƙalai sun ɗaure laifin da yaƙi, saboda haka abin da gwamnatin Hitila ta yi wa Yahudawan Jamus kafin 1939 bai shiga hukunci ba. Mai kaji dai yana nan da ikonsa muddin bai tsallaka iyaka ba. Cikin wannan tafiya ne ya sami labarin danginsa. Mutum 49 aka kashe, har da uwa da uba. Ɗan'uwansa Eliyas da matarsa da ƴaƴansu biyu suka tsira.

Daga nan ya koma kan sabuwar Majalisar Ɗinkin Duniya. Ba wakilin kowace ƙasa ba ne, ba shi da kujera ko albashi a wurin, sai tsohuwar jaka cike da takardu. Ya zame wa jakadu da ƴan jarida ƙarfen ƙafa, har waɗansu suna sake hanya in sun hango shi. Ya lura manyan ƙasashe ba su da ɗoki, sai ya nufi waɗanda ba su cikin sahunsu. Kuba, Indiya da Panama suka gabatar da ƙudurin, babban zauren Majalisa ya amince ran 11 ga Disamba 1946 cewa kisan ƙare dangi laifi ne a dokar duniya. Ran 9 ga Disamba 1948, a Fadar Chaillot da ke Paris, ƙasashe suka jefa wa yarjejeniyar ƙuri'a ba mai hamayya, kwana guda kafin Jawabin Haƙƙin Ɗan Adam. Habasha, wadda ta ɗanɗana mamayar Italiya, ita ta fara tabbatar da ita a 1949. Ta fara aiki ran 12 ga Janairu 1951.

Yarjejeniyar ta yi abin da Nurambag ta kasa, ta ce laifi ne ko a lokacin yaƙi ko a lokacin zaman lafiya, kuma sarauta ko muƙami ba su kare mai shi. Amma an rage mata ƙarfi wajen ciniki. Tarayyar Sobiyet da waɗansu ƙasashe suka sa aka cire ƙungiyoyin siyasa daga waɗanda ake karewa. Amurka da Faransa da waɗansu ƙasashen Yamma suka ƙi sashen rushe harshe da al'ada, kuma ba sai an yi dogon bincike ba kafin a gane abin da masu mulkin mallaka suke tsoro. Abin da ya rage daga sashen nan shi ne hana ƙwace ƴaƴan wata al'umma a mai da su cikin wata. Lemkin ya ji zafin wannan ƙwarai, amma ya ga da babu gara ba daɗi.

Shi ma ba a rasa abin da za a ce game da shi ba. Don tsoron kada Majalisar Dattawan Amurka ta ƙi yarjejeniyar, ya soki ƙarar da baƙaƙen fata na Amurka, irin su Paul Robeson da William Patterson, suka kai wa Majalisar Ɗinkin Duniya a 1951 suna tuhumar gwamnatinsu. Lallashin bai biya ba, sai a 1988 Amurka ta tabbatar da yarjejeniyar. Duk da haka, cikin babban tarihin kisan ƙare dangi da ya fara rubutawa bai tsaya kan Turai ba. Ya rubuta babi kan abin da Jamusawa suka yi wa Herero a Namibiya daga 1904, da abin da aka yi a Kongo ta Baljiyam, da ƴan asalin Tasmaniya. Masu ɗab'i suka ƙi karɓar aikin, bai kuwa gama shi ba.

Ya koyar a jami'ar Yale da ta Rutgers na ɗan lokaci, an sha ba da sunansa don kyautar Nobel ta zaman lafiya bai samu ba. Bai taɓa aure ba, ƙarshen rayuwarsa cikin talauci da bashi da rashin lafiya ya yi shi. Ciwon zuciya ya kashe shi a New York ran 28 ga Agusta 1959, mutum bakwai suka halarci jana'izarsa. Tarihin rayuwarsa da ya rubuta da hannunsa sai a 2013 aka buga shi.

Shekara hamsin yarjejeniyar ta yi kafin wata kotun duniya ta hukunta wani da ita. An yi haka a Arusha ta Tanzaniya ran 2 ga Satumba 1998, sa'ad da aka sami Jean-Paul Akayesu, magajin garin Taba a Ruwanda, da laifin kisan ƙare dangi kan abin da aka yi wa Tutsi a 1994, daga baya aka ɗaure shi rai da rai.