Umaru Ganda: Ɗan Dakon da Ya Ɗauki Na'urar Majigi

Duk shekara idan an gama girbi, mukan ga samari daga Birnin Kudu da Gwaram suna shiga mota zuwa Kano ko Legas cin rani. Ba safai ake jin labarinsu daga bakinsu ba. A wannan fili muna so mu gabatar muku da wani ɗan cin rani wanda ya ba da labarin kansa har duniya ta saurara.

An haifi Umaru Ganda a Yamai, babban birnin Nijar, a 1935. Bazabarme ne. Bayan firamare, yana ɗan shekara 16, ya shiga sojan Faransa, aka kai shi yaƙin Indocina, wato yankin ƙasar Biyetnam ta yau. Da ya komo gida bai sami aiki ba, sai ya nufi Abijan ta ƙasar Kwaddibuwa, ya zama ɗan dako a tashar jiragen ruwa.

A can ya gamu da wani Bafaranshe mai suna Jean Rouch, wanda ke binciken rayuwar 'yan Nijar masu cin rani. Rouch ya ɗauke shi mataimaki, daga baya ya sa shi jagaba a fim ɗinsa Moi, un noir, ma'ana Ni Baƙar Fata, wanda ya fito a 1958. An ɗauki hotunan a unguwar Treichville ba tare da sauti ba. Daga baya Ganda ya zauna yana kallon kansa a majigi yana magana, ya bayyana yunwa da wahalar dako da burin talaka da bakinsa. A lokacin da yawancin finafinan Turawa ke nuna baƙar fata kamar kayan kallo, wannan sabon abu ne. Fim ɗin ya ci lambar Louis Delluc a Faransa.

Amma fa na'urar tana hannun Bature, shi ne kuma mai zaɓen abin da za a nuna. Ganda bai tsaya nan ba. Ya koma Yamai, ya koyi sana'ar a cibiyar al'adu ta Faransa da Nijar. Fim ɗinsa na farko, Cabascabo, cikin harshen Zabarmanci, labarin wani tsohon soja ne da ya dawo daga Indocina, abokai suka taya shi cinye kuɗinsa suka watse, a ƙarshe ya koma gona. Shi da kansa ya fito a matsayin sojan, aka kuma nuna fim ɗin a bikin Cannes a 1969. Na biyu, Le Wazzou polygame, ya nuna ɓarnar auren dole, inda mai kuɗi ya raba yarinya da saurayinta. A 1972 wannan fim ya zama na farko da ya ci babbar lambar bikin finafinan Afirka na FESPACO a Wagadugu. Ya kuma shirya finafinan gaskiya, waɗanda ba wasan kwaikwayo ba ne.

Ya rasu ranar 1 ga Janairu 1981, yana da shekara 45. An sa sunansa a wata cibiyar al'adu a Yamai, da kuma lambar da FESPACO ke ba fim ɗin farko na sabon mai shiri.

Ya ku ɗalibai, a Dutsen Mesa da Dutsen Habude nan Birnin Kudu, mutanen da suka zana shanunsu a jikin dutse sun bar mana labarinsu da hannunsu. Yau da yawanmu muna da na'urar ɗaukar hoto a aljihu, abin da Ganda ya yi shekaru yana nema. Manomi da mai tallar nono da ɗan cin rani duk suna da labari. In ba mu ɗauka ba, baƙo zai zo ya ɗauka, ya kuma faɗa yadda ya ga dama.