Yuri Kondratyuk: Injiniyan da ya zana hanyar zuwa wata da sunan mamaci

A watan Yulin 1969 kumbon Apollo 11 ya kai Amurkawa duniyar wata bisa wata dabara: babban kumbo ya tsaya yana kewaya wata, ƙarami ya sauka da mutum biyu, daga baya ya taso suka haɗu a sama. Kimanin shekara 50 kafin nan, wani matashi ɗan Yukren ya riga ya rubuta wannan dabara. Sunan da duniya ta san shi da shi ma aro ne.

An haifi Aleksandr Shargei a Poltava a 1897. Ya fara karatun injiniya a Petrograd a 1916, sai aka ɗauke shi soja. A yaƙin basasar Rasha, rundunar masu adawa da 'yan gurguzu ta tilasta masa shiga cikinta, ya gudu. Da 'yan gurguzu suka ci nasara, wannan tarihin kaɗai ya isa ya halaka shi. Don haka ya ɗauki takardun wani ɗalibi, Yuri Kondratyuk, wanda tarin fuka ya kashe a 1921.

A 1929 ya buga littafinsa kan tafiya sararin samaniya a Novosibirsk da kuɗin aljihunsa, kwafi 2,000. Abincinsa kuwa a ginin rumbunan hatsi yake samu. A Kamen-na-Obi ya gina rumbun katako mai cin tan 13,000 ba tare da ƙusa ko ɗaya ba, saboda ƙarancin ƙarfe. Hukuma ta kira wannan hikima zagon ƙasa, wai so yake ginin ya rushe. Aka kama shi a 1930, aka yanke masa shekara uku. Rumbun ya yi fiye da shekara 60 a tsaye.

A 1933 Sergei Korolev, wanda daga baya ya jagoranci shirin rokar Tarayyar Sobiyet, ya gayyace shi aiki. Ya ƙi, domin binciken jami'an tsaro zai tona asalinsa. Tsoro ya raba ƙasar da ɗaya daga cikin haziƙanta.

Da Jamus ta kawo hari a 1941, ya shiga soja don kansa, ya ɓace a fagen daga a 1942. Sai a 1970 kotu ta wanke shi. Yau akwai wani rami a bayan wata da ke ɗauke da sunan Kondratyuk, sunan da ya ara don ya tsira.