Sir Abubakar Tafawa Ɓalewa, Firayim Minista Na Fari

A wannan wata za mu kawo wa masu karatu labarin wani mutum wanda kowa ya san fuskarsa, gama hotonsa ne ke bisa takardar naira 5. Amma da yawa cikin yaranmu ba su san abin da ya yi ba, balle abin da ya gagare shi. Shi ne Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda aka danƙa wa ragamar Nijeriya sa'anda Turawa suka tashi.

An haife shi a 1912 a garin Tafawa Ɓalewa, cikin ƙasar Bauchi, inda Sayawa da Jarawa da Fulani da Hausawa suke cin kasuwa ɗaya. Ba ɗan sarki ba ne. Ubansa, Yakubu Ɗan Zala, bara ne a gidan hakimin Lere. Yaron ya yi karatun allo, ya yi elementare a garinsu, ya wuce makarantar Bauchi, kana a 1928 aka kai shi Kwalejin Katsina. Can ya tarar da Ahmadu Raɓa, wanda ya zama Sardaunan Sakkwato daga baya. Ya fita a 1933, ya koma Midil ta Bauchi yana koyarwa, har ya zama babban malaminta. A farkon koyarwarsa ne ya rubuta littafin nan Shaihu Umar, labarin yaron da aka sace aka ƙetare Sahara da shi, uwarsa ta bi sawunsa tana nema. Wanda ya karanta shi ya san marubucin ya daɗe yana tunanin abin da mai ƙarfi kan yi wa marar ƙarfi.

A 1945 aka aike shi London karatun aikin malanta na shekara ɗaya. Da ya komo aka sa shi cikin Majalisar Arewa a Kaduna, a 1947 kuma ya shiga Majalisar Dokoki ta Ikko, wato Legas. A lokacin nan bai gaskata da haɗuwar Nijeriya ba. Ya faɗa a fili cikin majalisa cewa haɗin nan dabarar Turawa ce kawai, mutanen ƙasar kuwa ba su ɗauki kansu al'umma ɗaya ba.

Abin da ya fara ɗaga sunansa ya faru cikin watan Agusta na 1950. Ya miƙe a Majalisar Arewa ya nemi a bincika mulkin En'e a gyara shi, domin sarki shi kaɗai ke yanke magana, talaka ba shi da bakin faɗa, cin hanci kuwa ya yi yawa. Masu karatu na yanzu ba za su ga girman wannan ba sai sun tuna cewa a zamanin nan alƙali da ɗan doka da gidan yari duk a hannun sarki suke. Sarakuna da yawa suka husata. Amma maganar ta ci, aka yi bincike, a hankali aka ɗaure sarki da shawarar majalisarsa. Tun daga nan aka gane halinsa: ba ya zagi, ba ya ɗaga murya, sai ya kawo maganarsa inda doka ta ba shi izini, ya jira.

A 1952 ya zama Ministan Ayyuka, daga baya Ministan Sufuri. A 1955 ya tafi Amurka domin ya ga yadda jirage ke ɗaukar kaya a kogin Misisifi, ko za a yi haka a Kwara da Binuwai. Ya ga mutane iri iri, daga ƙasashe dabam dabam, sun zama ƙasa ɗaya. Shi da kansa ya shaida cewa a wannan tafiya ce ra'ayinsa ya juya, ya komo yana mai Nijeriya ɗaya.

Aka naɗa shi Firayim Minista a 1957, shekara 3 kafin mulkin kai. Abin da ya fara yi shi ne ya kira dukan manyan jam'iyyu cikin gwamnatinsa, har da Action Group ta Awolowo, domin ƙasar ta nemi 'yancinta da murya ɗaya. Sai dai akwai wani rauni a kujerar tun daga fari, wanda bai warke ba har ƙarshe. Shi mataimakin shugaba ne a jam'iyyar NPC. Shugabanta Sardauna ne, ya kuwa zaɓi ya zauna Kaduna. Ga mutum yana mulkin ƙasa duka, amma ƙuri'un da suka ɗora shi suna hannun wani.

A shekarun nan ƙananan kabilu suna cikin tsoro, musamman na Filato da Binuwai da kudancin Zariya, inda Kirista da masu addinin gargajiya suke da yawa. Tambayarsu ita ce, in Bature ya tafi, wa zai tsare su? Aka kafa kwamitin Sir Henry Willink a 1957, ya zaga yana jin kukansu. A 1958 ya ce kada a ƙara yanka jihohi, amma a rubuta hakkin kowane mutum cikin tsarin mulki. Haka aka yi. Tsarin mulkin 1960 ya ce kowa yana da iko ya bi addininsa, ya sāke shi in ya so, ya kuma yi shelarsa. Ba a tilasta wa ɗan makaranta koyon addinin da ba nasa ba. Ba Abubakar ne ya rubuta wannan ba, amma yana cikin shugabannin da suka zauna a London suka yarda da shi, shi ne kuma ya karɓi ƙasar a kan wannan sharaɗi ran 1 ga Oktoba, 1960. Ekklesiyoyin Arewa sun sha dogara ga wannan babi, kowane tsarin mulkin da ya biyo baya kuwa ya maimaita shi.

Mu da ke nan Kalmalo, a bakin iyaka, muna da ma'auni kusa. Daga Illela zuwa Birnin Ƙonni taku kaɗan ne, harshe ɗaya, dangi ɗaya. A wancan ƙetare, gwamnatin Diori Hamani ta haramta jam'iyyar Sawaba ta Djibo Bakary a 1959, Nijar ta zauna da jam'iyya ɗaya tak har 1974. A Gana ma Nkrumah ya kafa dokar tsare mutum ba shari'a a 1958. A Ikko kuwa 'yan hamayya suna da kujerunsu a majalisa, jaridu suna sukar Firayim Minista kowace safiya. Da 'yan makaranta suka tayar da ƙura a kan yarjejeniyar tsaro da Ingila, aka soke ta a farkon 1962. A 1963 aka kawo shawarar kafa dokar tsare mutum irin ta Gana. Jaridu da lauyoyi suka ƙi, aka janye ta. Ba mu ce talakan NEPU a ƙasar Sakkwato ko Kano ya ji daɗin wannan 'yanci ba, gama shi kam ya sha ɗauri a kotun alƙali saboda siyasa. Matan Arewa ma ba su jefa ƙuri'a ba ko sau ɗaya a zamaninsa.

Akwai wata magana da masu karatun Littafi za su so su ji, ita ce ta Isra'ila. A lokacin nan Firayim Ministan Isra'ila shi ne Dauda Ben-Guriyon, wanda ya yi shelar kafuwar ƙasar ran 14 ga Mayu, 1948. Shi ma na fari ne a kujerarsa, shi ma da gwamnatin haɗin gwiwa ya yi mulki. A 1960 gwamnatin tarayya ta karɓi rance daga Isra'ila. Gwamnatin Arewa ta yi fushi, ta ce ba ta son ko anini daga ciki. Abubakar Musulmi ne mai riƙon addini, ɗan NPC kuma, amma bai janye ba. Ya tsaya a kan cewa harkar waje ta gwamnatin tarayya ce, Nijeriya kuwa ba za ta ɗauki rigimar Larabawa da Yahudawa ta aza wa kanta ba. Isra'ila ta buɗe ofishin jakadanta a Ikko, mutanenta suka yi aikin gine-gine da na ruwa a Yamma da Gabas. Amma saboda Arewa bai aika da jakadan Nijeriya can ba. Irin tafiyarsa ke nan: ya ba wannan rabi, ya ba wancan rabi, domin kada tukunyar ta fashe.

Wani abu ɗaya ya raba su da Ben-Guriyon. A 1948, ana tsakiyar yaƙi, Ben-Guriyon ya tilasta wa dukan ƙungiyoyin Yahudawa masu makamai su narke cikin soja ɗaya a ƙarƙashin gwamnati, har ya sa aka harbi jirgin ruwan Altalena da ya kawo wa ƙungiyar Irgun makamai. Ya sauka da kansa a 1963, ya koma Sde Boker cikin hamadar Negeb, ya mutu da tsufa a 1973. Abubakar kuwa ya gāji soja daga hannun Turawa, bai kuma zaci hannunsu zai kai gare shi ba.

A harkar Afirka ba shi da sanyi. Da Faransa ta yi ta gwada bam ɗin atom a Sahara, ya kori jakadanta a Janairu 1961, ya hana jiragenta na ruwa da na sama shigowa. Nijar ta ji jiki, domin kayanta ta Nijeriya suke bi, saboda haka bayan 'yan watanni aka sassauta. Ya aika da soja Kwango a ƙarƙashin Majalisar Ɗinkin Duniya, yana cikin waɗanda suka matsa har Afirka ta Kudu ta fita daga Kwamanwel a 1961, yana kuma Adis Ababa a 1963 sa'anda aka kafa Ƙungiyar Haɗa Kan Afirka.

A gida ne abu ya ɓaci. A Mayu 1962 rikici ya tashi tsakanin Awolowo da Akintola, aka yi doke-doke da kujeru a majalisar Ibadan. Nan da nan Abubakar ya kafa dokar ta-ɓaci a Jihar Yamma. A 1963 aka ɗaure Awolowo, shugaban 'yan hamayya, shekara 10. Ƙidayar 1962 aka soke ta, ta 1963 kuwa Gabas ta ƙi yarda da ita. A 1964 aka tura soja ƙasar Tibi. Zaɓen ƙarshen 1964 ya lalace, har Shugaba Azikiwe ya yi kwanaki yana ƙin kiransa ya kafa gwamnati. Sa'an nan a Oktoba 1965 aka yi zaɓen Yamma da maguɗi a fili, mutane suka shiga ƙone gidaje da motoci da junansu. A ganinmu nan ne babban laifinsa. Wanda ya kafa dokar ta-ɓaci saboda jifa da kujeru, ya yi shiru ana ƙone mutane, domin Akintola ya riga ya zama abokin NPC. Haƙurin da ya taimake shi a 1950 ya zama jinkiri a 1965.

Ran 11 da 12 ga Janairu, 1966, ya karɓi shugabannin Kwamanwel a Ikko a kan maganar Rodeshiya. Daren 15 ga wata waɗansu hafsoshin soja suka ɗauke shi daga gidansa. A daren nan aka kashe Sardauna a Kaduna, da Akintola a Ibadan. Bayan kwana 6 aka tsinci gawarsa a gefen hanyar Abekuta. Yana da shekara 53. Aka kai shi Bauchi aka binne, kabarinsa yana nan ana ziyarta. Ko maƙiyansa ba su zarge shi da tara dukiya ba.

Soja suka riƙe ƙasar shekara 13. Da aka komo mulkin farar hula a 1979, aka ɗauki tsarin shugaban ƙasa irin na Amurka, ba a kuma sāke naɗa Firayim Minista a Nijeriya ba.