Abdulkarimu Bajamushe, Mai Bin Kufai

Sunan da ya yi tafiya da shi a ƙasashenmu Abdulkarimu, amma sunansa na yanka Heinrich Barth. An haife shi a Hambug ta ƙasar Jamus cikin 1821. A babbar makarantar Balin ya karanci harshen Yunanawa da na Rumawan dā, da ilmin binciken kufai. Cikin 1844 ya sami shaidar dokta saboda littafin da ya rubuta bisa fataucin Korinti, wani tsohon birnin Yunanawa. Daga 1845 zuwa 1847 ya zaga gaɓar Bahar Rum yana duban kangaye. Kusa da iyakar Masar 'yan fashi suka ji masa rauni, suka kwashe kayansa, amma bai karaya ba.

Cikin 1850 Gwamnatin Ingila ta aiko shi tare da Richardson da Overweg. Suka taso daga Tarabulus, suka ratsa hamada. Shi ya biyo ta Agadas, da Katsina, da Kusada, da Bichi, ya shiga Kano ran 2 ga Fabrairu 1851, zamanin Sarki Usman ɗan Dabo.

Irin binciken da ya yi wa Korinti cikin littattafai, shi ya yi wa Kano da idonsa. Ya ƙiyasta mutanen birni dubu 30. Ya lissafa tufafin da ake saƙawa, a rina, a kai har Tambutu da Tarabulus, ya ga sun kai na wuri miliyan 300 a shekara. Ya yaba karkararmu ƙwarai, gona na bin gona, magidanci na noma, yana saƙa, bai rabu da iyalinsa ba.

Abokan tafiyarsa duka biyu suka rasu a ƙasar Barno, shi ya ci gaba. A Gwandu, cikin 1853, ya sami littafin Tarikhus Sudan, ya kwafi sashensa. A Tambutu Shehu Ahmadu Bakka'i ya tsare shi daga masu neman ransa. Ya koma Turai cikin 1855, ya buga labarin tafiyarsa littafi 5. Ya rasu a Balin cikin 1865, yana da shekara 44.

To, 'yan'uwa, baƙo ke nan ya zo daga nesa ya rubuta labarinmu. Mu da za a raba makarantun ƙauye, ga kufai kusa da mu, ga tsofaffi a zaure. Mu tambaye su, mu rubuta, tun ba su tafi da abin da suka sani ba. Allah ya ba mu himma, amin.