Marigayi Adamu Halilu, Mai Fim ɗin Shaihu Umar

Da na je hutu gida Utai, na tarar ƙannena suna kallon wani fim na Hausa, saurayi da budurwa suna rawa a lambu kamar Indiyawa. Kakata ta leƙa, ta ce harshen dai namu ne, amma ita ba ta ga kowa nata a ciki ba. Maganar nan ce ta sa na nemi tarihin mutumin da zan ba ku labarinsa.

An haifi Adamu Halilu a Garkida, ƙasar Adamawa, a 1936. Ya koyi aikin fim a Turai, ya dawo ya kama aiki a sashen majigi na gwamnatin Jihar Arewa. A zamanin nan mota ce ke bin ƙauyuka, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada bayan sallar isha'i, a nuna wa jama'a hanyoyin noma da tsafta.

Babban aikinsa shi ne Shaihu Umar, a 1976. Labarin daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa ne, wanda Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mayar wasan kwaikwayo. Wani malami ne yake ba almajiransa tarihinsa: yadda aka sace shi yana yaro a zamanin cinikin bayi, wani Balarabe ya ƙetare Sahara da shi, ya yi karatu har ya zama shaihi, da yadda mahaifiyarsa ta bi sawunsa, ita ma aka bautar da ita.

Halilu bai ari kayan kowa ba. Zaure, allo, rawani, fada, ayarin raƙuma, gaisuwa da kunya irin tamu, da su ya gina fim ɗin, kuma da Hausa aka yi shi. An nuna shi a bikin FESTAC na 1977 a Legas. Daga baya ya yi Kanta na Kabi, ya kuma shugabanci hukumar fina-finai ta Nijeriya. Ya rasu a 2001.

Abin takaici, fim ɗin ya ɓace shekara da shekaru. Sai a 2016 aka gano shi a wani ɗakin ajiya, aka gyara, aka nuna shi a Balin ta Jamus a 2018.

Ko a Indiyar da muke kwaikwaya, mutanen Kerala da harshensu na Malayalam suke fim, kuma Chemmeen na 1965, wanda ya yi suna, labarin masuntansu ne. Mu ma muna da masunta a kogin Wudil, da kasuwar shanu ta ranar Juma'a. Ya ku 'yan'uwana ɗalibai, in Allah ya sa waninmu ya riƙe kyamara, ya fara daga nan, don kakanninmu su ga nasu. Allah ya jiƙan Adamu Halilu, amin.