Heinrich Barth (Abdulkarim), 1821–1865: Baƙon da Ya Zo Neman Sani

Tun da daɗewa ake muhawara a kan Turawan da suka tattara tarihinmu da labarunmu suka kai ƙasashensu. Waɗansu sun kwashi abin da suka samu suka liƙa masa sunayensu kaɗai, ba su ambaci malamin da ya ba su ba. A wannan maƙala za mu dubi rayuwar wani daga cikinsu wanda ya bi wata hanya dabam.

An haifi Heinrich Barth a birnin Hambug na Jamus a 1821. Ya yi karatu a Jami'ar Balin, ya kuma koyi Larabci. A 1850 ya tashi daga Tarabulus cikin ayarin da gwamnatin Ingila ta aiko, tare da James Richardson da Adolf Overweg. Abokan tafiyar tasa duka biyu sun rasu a hanya, ya ci gaba shi kaɗai da sunan Abdulkarim. Ya biyo ta Agadas, ya shiga Katsina da Kano a farkon 1851, sannan ya wuce Kukawa da Yola. A kan hanya ya koyi Hausa da Barbarci har yana hira da mutane ba tafinta.

Abin da ya bambanta shi da sauran matafiya shi ne yadda ya ɗauki malaman ƙasar a matsayin malamai. A Bagarmi ya zauna da wani makahon malami Bafillace, Faki Sambo, ya kuma rubuta irin zurfin iliminsa. A 1853 ya gana da Sarkin Musulmi Aliyu Babba, ya yaba wa Abdulƙadir ɗan Tafa, a Gwandu kuwa ya sami Tarikh al-Sudan ya kwafi sassa daga ciki. Ta haka ya nuna wa mutanen Turai cewa ƙasar Sudan tana da rubutaccen tarihi. A Tambutu ya yi watanni ƙarƙashin kariyar Shehu Ahmad al-Bakkay, bai kuwa ɓoye cewa wannan malami ne ya tsare masa rai ba.

Duk da haka, ba a rasa abin zargi gare shi ba. A hanyarsa ta zuwa Tambutu ya yi shigar Balarabe ya ɓoye addininsa. Ya kuma danganta Tarikh al-Sudan ga Ahmad Baba, alhali Abdurrahman al-Sa'adi ne ya rubuta shi. Haka nan Dorugu, yaro Bahaushe da ya tafi da shi Turai a 1855, shi ne ya zama tushen yawancin labarun Magana Hausa, amma littafin ya fito a 1885 da sunan J. F. Schön a bangonsa.

Barth ya wallafa labarin tafiyarsa cikin juzu'i biyar tsakanin 1857 da 1858, ya rasu a Balin a 1865 yana da shekara 44.

Darasin da ke cikin wannan rayuwa ya shafe mu ɗalibai kai tsaye. Idan muka shiga ƙauyen Maguzawa ko rugar Fulani da rikoda muna tattara waƙoƙi da tatsuniyoyi, mu ma baƙi ne. Wajibi ne mu koyi harshen mutanen, mu nemi izininsu, mu kuma rubuta sunan tsohuwar da ta ba mu labari a cikin kundinmu.